Martani: Aikin Jarida Laura Poitras Ta Yi, Malam

Na karanta makalar da wani ɗan'uwa marubuci ya yi a kan Laura Poitras, Ba'amurkiyar nan mai shirya finafinan gaskiya, irin waɗanda ake ɗaukar mutane cikin al'amuransu na zahiri, babu 'yan wasa, babu ƙagaggen labari. Makalar ta tsaru, Hausarta kuma ta yi daɗi, shi ya sa nake jin tsoron ta zauna a zukatan matasanmu masu sha'awar aikin jarida. Da ra'ayinsa nake jayayya, don haka ba sai na ambaci sunansa ba. Zan riƙa ce masa Malam, kamar yadda ya cancanta.

Ga abin da Malam ya ce, kuma zan kawo shi da ƙarfinsa. Ya ce Poitras ta fita daga sahun 'yan jarida tun ranar da ta shiga ɗakin otal a Hong Kong a watan Yunin 2013 ta zauna da Edward Snowden, domin ɗan jarida shaida ne kawai, ita kuwa ta zama abokiyar tafiyar mutumin da ya kwashe asirin ƙasarsa. Ya ce abin da suka kwarmata ya raunana hukumomin da ke farautar 'yan ta'adda, kuma ƙarewar Snowden a Mosko ta isa hujja a kan wanda ya ci ribar abin. Ya ce ba a banza gwamnatin Amurka ta yi shekara shida tana tare ta a filayen jirgin sama ba, tunda ita ce ta je Yaman ta ba tsohon mai tsaron lafiyar Usama bin Laden bakin magana a fim. Ya rufe da zancen da kowa ya saba ji, wai wanda ba shi da abin ɓoyewa ba ya tsoron a leƙa wayarsa, kuma mu da masu garkuwa da mutane suka hana barci mu ya kamata mu fi kowa son gwamnati ta sa ido a kan kowa.

Bari in fara da batun tarewar, domin a nan ne Malam ya hau zato ya bar takardu a ajiye. An haifi Poitras a Boston a 1964, ta yi kusan shekara goma tana girki a gidajen abinci kafin ta koma karatun fim. A 2004 ta tafi Iraƙi da kyamararta, ta yi wata takwas, ta daɗe tare da iyalin wani likita ɗan Sunni, Dakta Riyadh al-Adhadh, a unguwar Adhamiya ta Bagadaza, wanda ya tsaya takara a zaɓen Janairun 2005. Fim ɗin da ta fitar a 2006, My Country, My Country, ya nuna yadda gida guda yake rayuwa a ƙarƙashin mamaya. A ciki an ga likitan yana duba marasa lafiya, an gan shi a kurkukun Abu Ghraib yana magana da tsararru ta bayan wayar shinge, cikinsu har da yaro ɗan shekara tara. Fim ɗin ya shiga jerin masu neman kyautar Oscar. A 2006 ɗin ne aka fara tare ta. Fim ɗin Yaman da Malam ya ce shi ya jawo mata bai fito ba sai 2010. Ta yaya abin da ya zo bayan shekara huɗu zai zama sanadin abin da ya riga shi?

Daga 2006 zuwa 2012 an tare ta fiye da sau 50, a Amurka da wajenta. A 2010, a filin jirgin JFK na New York, aka karɓe kwamfutarta da kyamarorinta da wayarta, aka riƙe su kwana 41. A Afrilun 2012, a filin jirgin Newark, jami'ai suka hana ta rubuta tambayoyin da suke yi mata, suka ce alƙalamin hannunta zai iya zama makami, har da barazanar sa mata ankwa. Duk tsawon shekarun nan ba wanda ya gaya mata laifinta, ba kuma a taɓa kai ta gaban alƙali ba. Sai da ta kai gwamnati ƙara a 2015, tare da lauyoyin ƙungiyar Electronic Frontier Foundation, aka saki shafuka fiye da dubu, sannan aka ga tushen maganar. Ranar 20 ga Nuwamban 2004, washegarin ranar da sojoji suka kutsa masallacin Imam Abu Hanifa lokacin sallar Juma'a, faɗa ya ɓarke a Adhamiya, aka kashe wani sojan Amurka a kwanton ɓauna. Wasu sojoji suka ce sun hango Baturiya a kan soro riƙe da kyamara, suka yi zargin ta san za a kai harin ta yi shiru. Ita ta ce ta hau soron ne tare da mutanen gidan, ta ɗauki 'yan mintoci na abin da ke faruwa a unguwarsu. Masu binciken rundunar sojan Amurka da kansu sun rubuta tun 2006 cewa ba su ga ingantacciyar hujja a kan zargin ba. Amma sunanta ya riga ya shiga jerin waɗanda ake sa wa ido, kuma ya zauna.

Yaya aka yi tarewar ta tsaya? Glenn Greenwald ne ya rubuta labarin a Salon a Afrilun 2012, masu shirya finafinai suka yi ta ƙorafi a bainar jama'a, sai aka daina. Malam, in da gaske matar nan barazana ce ga tsaron Amurka, rubutu guda a jarida ne zai kawar da barazanar? In kuwa ba barazana ba ce, me aka yi shekara shida ana nema a jakarta? A jakar mai shirya fim irin nata akwai fuskoki da muryoyin mutanen da suka yarda suka yi mata magana bisa amana. Duk wanda ya kwafi kwamfutarta ya kwashe su duka. Wannan ne ya sa ta tattara ta koma Barlin a 2012 domin ta haɗa fim ɗinta inda ba za a ƙwace mata hotuna a bakin iyaka ba.

Shi kansa fim ɗin Yaman, The Oath, ina shakkar ko Malam ya zauna ya kalle shi. Mutum biyu ne a ciki. Akwai Abu Jandal, wanda ya yi wa bin Laden gadi, lokacin yana tuƙa tasi a Sana'a. Akwai kuma surukinsa Salim Hamdan, direban bin Laden, wanda aka tsare a Guantanamo, wanda ƙararsa ta kai Kotun Ƙolin Amurka ta yanke a 2006 cewa kotunan soja da gwamnatin Bush ta kafa sun saɓa doka. Fim ɗin bai wanke Abu Jandal ba ko kaɗan. Kyamara ta bar shi yana tufka da warwara, yau ya faɗi magana gobe ya nemi a goge ta, yana jan matasa da zaƙin baki alhali shi yana gida cikin 'ya'yansa, wanda ya ja zuwa Afganistan kuwa, wato Hamdan, yana kurkuku. Fim ɗin ya kuma nuna yadda jami'in FBI Ali Soufan ya samu muhimman bayanai a kan maharan 11 ga Satumba daga bakin mutumin nan ba tare da ya taɓa lafiyarsa ba, a daidai zamanin da ake cewa sai da azabtarwa ake samun gaskiya. Mu da muka ga yadda ake ɗibar 'ya'yanmu da wa'azin ƙarya a Arewa maso Gabas, fim ɗin da ke nuna yadda mai ɗibar yake magana, da yadda yake ruɗar kansa, ilimi ne a gare mu. Nuna mutum daban, goyon bayansa daban.

Yanzu ga babbar maganar, ta ɗakin otal. A Janairun 2013 wani da ya kira kansa Citizenfour, wato Snowden, ya fara aiko mata da saƙonni a kulle, irin waɗanda sai mai mabuɗi ke iya karantawa. Ya riga ya nemi Greenwald bai dace ba, domin shi a lokacin bai iya wannan fasahar ba. Ita ta iya, saboda shekarun tarewa sun tilasta mata koyo. Me ta yi da abin da ya faɗo hannunta? Ba ta zuba shi a intanet ba. Ta nemi Barton Gellman, tsohon hannu a rahoton tsaro, wanda ya kai labarin Washington Post. Ta jawo Greenwald, jaridar Guardian kuma ta haɗa su da gogaggen wakilinta Ewen MacAskill. Editoci da lauyoyi suka zauna a kan takardun, ana tuntuɓar gwamnati kafin a buga, ana cire abin da aka ga zai jefa wani cikin haɗari. Editan Guardian, Alan Rusbridger, ya shaida wa majalisar dokokin Birtaniya a Disamban 2013 cewa kusan kashi 1 cikin 100 na takardu 58,000 da ke hannunsu kaɗai suka buga. In wannan bai zama aikin jarida ba, Malam ya gaya mana wanne ne. Ko so yake in majiya ta zo wa ɗan jarida da hujjar cewa hukuma na karya doka, ya miƙa ta ga hukumar ya koma gida?

Na yarda da Malam a abu ɗaya. Citizenfour, fim ɗin da ta yi a kan wannan lamari, ya tsaya a gefen Snowden, kuma ba a ba jami'an gwamnati fili mai yawa a cikinsa ba in ban da hotunan zaman majalisa da na kotu. Sai dai Poitras ba ta ɓoye matsayinta ba. Muryarta ce ke karanta saƙonnin, kuma tun farkon fim ɗin ta sanar da mai kallo cewa ita ma tana cikin waɗanda ake sa wa ido. Wanda ya gaya maka inda ya tsaya ya ba ka abin da za ka auna maganarsa da shi. Gwamnati kuwa tana da kakaki, tana da shugaban ƙasa, tana da gidajen talabijin da ke ɗaukar jawabinta kai tsaye, kuma ta yi amfani da su duka. Ɓangaren da ba a taɓa ji ba shi ta naɗa.

To mene ne abin da aka kwarmata? Labarin farko, a farkon Yunin 2013, umarni ne na wata kotun sirri da ya tilasta wa kamfanin waya na Verizon ya riƙa miƙa wa hukumar leƙen asiri ta NSA bayanan kiran dukkan masu hulɗa da shi kullum: wa ya kira wa, yaushe, minti nawa. Na biyu shi ne shirin PRISM, wanda ta hanyarsa ake karɓar saƙonni da hotunan mutane daga kamfanoni tara, ciki har da Google da Facebook da Microsoft da Apple. Wata uku kafin nan, ranar 12 ga Maris, Sanata Ron Wyden ya tambayi shugaban hukumomin leƙen asirin Amurka, James Clapper, a zauren majalisar dattawa, ko NSA na tara bayanan miliyoyin Amurkawa, shi kuma ya ce a'a. Wanda aka ɗora wa amana ya musanta a gaban wakilan jama'a. Ta wace ƙofa kuma jama'a za su sani in ba ta jarida ba?

Malam zai ce da Snowden ya bi hanyar cikin gida. Poitras ta riga ta ɗauki wanda ya bi wannan hanyar. William Binney ya yi wa NSA aiki fiye da shekara 30, ya ajiye aiki a 2001, ya kai ƙorafi ga babban mai binciken ma'aikatar tsaro, sakamakon da ya samu shi ne jami'an FBI suka faɗo masa gida da bindigogi a 2007. Ba a tuhume shi da komai ba. Abokin aikinsa Thomas Drake kuwa an gurfanar da shi a 2010 ƙarƙashin dokar leƙen asiri ta 1917, shari'ar ta rushe a 2011 bayan an gama lalata masa aiki. Ɗan gajeren fim ɗin da ta yi a kan Binney ya fito a New York Times a 2012, kuma yana cikin abin da ya sa Snowden ya amince da ita. Snowden ya ga abin da ya sami waɗanda suka gabace shi.

Abin da ya fi damuna a makalar Malam shi ne bai ambaci ko hukunci ɗaya na kotu ba, alhali su ne alƙalan wannan gardamar. A Janairun 2014 hukumar da gwamnatin Amurka ta kafa don duba haƙƙin jama'a a ayyukan tsaro ta ce ba ta ga ko bincike ɗaya na ta'addanci da tara bayanan wayar kowa da kowa ya sauya sakamakonsa ba. Ranar 7 ga Mayun 2015 kotun ɗaukaka ƙara ta tarayya da ke New York ta yanke cewa dokar da gwamnati ta fake da ita ba ta ba da izinin wannan tarawar ba. A watan Yunin shekarar Shugaba Obama ya sa hannu a dokar da ta kawo ƙarshen shirin a yadda yake. A 2020 wata kotun ɗaukaka ƙarar ta sake cewa shirin ya saɓa doka. A Mayun 2021 Kotun Haƙƙin Ɗan'adam ta Turai ta ce tsarin tatsar bayanai na Birtaniya ya keta haƙƙin sirri da 'yancin faɗar albarkacin baki. Eric Holder, wanda a zamaninsa na babban lauyan gwamnati aka tuhumi Snowden, ya faɗa a 2016 cewa mutumin ya yi wa jama'a hidima da ya tayar da muhawarar, duk da yana ganin ya karya doka. Waɗannan ba abokan Poitras ba ne. Alƙalai ne da jami'an gwamnatin da ta tare ta.

Akwai hujja mai nauyi a ɓangaren Malam da shi bai kawo ba, ni zan kawo masa. Kwamitin leƙen asiri na majalisar wakilan Amurka ya fitar da rahoto a 2016 yana cewa Snowden ya ɗebi takardu kusan miliyan 1.5, mafi yawansu na harkar soja ne, kuma ɓarnar tana da girma. Ban raina wannan ba. Amma abin da Snowden ya ɗiba daban, abin da Poitras ta sa wa hannu aka buga daban, kuma a kanta muke magana. Malam ya kawo mana sunan mutum ɗaya da ya rasa ransa saboda labarin da ta rubuta ko hoton da ta ɗauka. Batun Mosko kuma, Snowden hanyar Latin Amurka ya nufa, gwamnatin ƙasarsa ta soke fasfonsa, ya maƙale a filin jirgin Sheremetyevo daga 23 ga Yuni har 1 ga Agusta. Da aka yi zaton yana cikin jirgin shugaban Boliviya Evo Morales, wasu ƙasashen Turai suka rufe wa jirgin sararin samaniyarsu, aka tilasta wa shugaban ƙasa guda sauka a Viyana. Mutum na iya ƙin zaman Snowden a Rasha da karɓar takardar zama ɗan ƙasa da ya yi a 2022, ni ma ban ji daɗin hakan ba. Amma ba Poitras ce ta toshe masa sauran hanyoyin ba.

Ya kamata kuma a tuna abin da aka yi wa 'yan jarida a 2013. A Yulin 2013 ma'aikatan Guardian suka farfasa kwamfutocinsu a ƙasan ginin ofishinsu na Landan, jami'an hukumar leƙen asirin Birtaniya ta GCHQ na tsaye a kansu, duk da kowa ya san akwai kwafin takardun a wasu ƙasashe. A Agusta aka tsare David Miranda, abokin zaman Greenwald, kusan awa tara a filin jirgin Heathrow ƙarƙashin dokar ta'addanci, yana dawowa daga wurin Poitras a Barlin. A 2016 kotun ɗaukaka ƙara ta Birtaniya ta ce tsarewar ta dace da dokar, amma dokar kanta ba ta ba kayan aikin jarida kariyar da ta kamata ba. Waɗannan ƙasashe ne da ke aiko mana da masu koyar da 'yancin jarida. Tunda su ma sai da aka tsaya musu a wuya, ƙaƙa Malam yake so mu sakankance da namu?

Hanyar da ake gane ɗan jarida daga ɗan amshin shata ita ce a ga abin da zai yi in gaskiya ta juyo kan nasa. A nan tarihin Poitras ya isa ya amsa wa Malam. Ta fara ɗaukar Julian Assange na WikiLeaks tun 2011, a matsayin wadda ke ganin ƙimar aikinsa. Fim ɗin, Risk, an nuna shi a Cannes a 2016, sai ta janye shi ta sake haɗawa, ya fito a 2017 da Assange a yadda ta gan shi, da girman kansa, da irin maganganun raini da yake yi a kan matan da suka zarge shi a Suwidin. Lauyoyin WikiLeaks suka yi mata caa. A cikin fim ɗin ta faɗa da bakinta cewa ta taɓa yin 'yar gajeriyar alaƙa da Jacob Appelbaum, ɗaya daga cikin waɗanda take ɗauka, wanda shi ma aka zarga da cin zarafi. Masu suka sun ce wannan alaƙar aibi ce a aikinta, kuma suna da gaskiya, amma ita ta sanar da mai kallo, ba tono aka yi ba. Duk da wannan ɓatawar, a Disamban 2020 ta rubuta a New York Times tana adawa da gurfanar da Assange ƙarƙashin dokar 1917, tana cewa in buga takardun sirri laifi ne to ita ma ta aikata. Ba ta son halin mutumin, amma ta ga cewa igiyar da za a ɗaure shi da ita za ta isa wuyan kowane ɗan jarida.

Haka ta yi da gidan da ta gina da hannunta. Ita da Greenwald da Jeremy Scahill suka kafa The Intercept a 2014, da kuɗin attajiri Pierre Omidyar. A 2017 aka kama Reality Winner, wata matashiya da ta aika wa jaridar takardar NSA a kan kutsen Rasha a zaɓen Amurka, aka ɗaure ta wata 63. Poitras ta fito fili ta ce sakacin jaridarsu wajen kare majiya ya taimaka aka gano yarinyar, kuma ba a yi binciken da ya kamata ba. A ƙarshen 2020 ta rasa aikinta. Ita ta ce korar ta aka yi saboda maganar, kamfanin ya ce kwantiraginta ne bai sabunta ba. Ko wanne ne gaskiya, ta zaɓi majiya a kan albashi. 'Yar farfaganda ba ta yin haka.

Saura zancen wanda ba shi da abin ɓoyewa. Poitras ba ta da abin ɓoyewa, Malam, binciken soja ya nuna haka, amma ta sha shekara shida. Kuma bayanan kira da ake rainawa ba ƙaramin abu ba ne. A ce mai unguwa, don an yi sata a gida ɗaya, ya ajiye mutum a ƙofar kowane gida yana rubuta wanda ya shiga, da lokacin da ya shiga, da daɗewar da ya yi. Bai ji hirar zaure ba, amma cikin wata guda ya san mai neman aure, ya san mai bin bashi, ya san wanda ke zuwa wurin ɗan adawa da dare, ya san ma'aikacin da ke kai wa ɗan jarida labari. Michael Hayden, wanda ya shugabanci NSA da CIA, ya faɗa a 2014 cewa da irin waɗannan bayanan suke kashe mutane. Labarin farko da The Intercept ta buga ma a kan haka ne, yadda jirage marasa matuƙa ke bin layin waya su yi harbi, ko da ba a tabbatar da wanda ke riƙe da wayar ba.

Akwai kuma abin da Malam bai lura da shi ba, wanda ya shafe shi kai tsaye. Gyaran da aka yi a 2015 Amurkawa ya kare. Sashen dokar da PRISM ke aiki a ƙarƙashinsa an yi shi ne domin waɗanda ba Amurkawa ba kuma suke zaune a waje, wato ni da Malam da duk mai amfani da Facebook ko Gmail daga Kano ko Maraɗi ko Kumasi, kuma majalisarsu ta sake sabunta shi a Afrilun 2024. A Disamban 2013 mujallar Der Spiegel, a rahoton da Poitras ke cikin marubutansa, tare da Guardian da New York Times, sun nuna jerin waɗanda GCHQ da NSA suka sa wa ido, ciki har da asusun UNICEF da Mohamed Ibn Chambas, ɗan Ghanan da ya shugabanci hukumar ECOWAS a Abuja. Shi ma ɗan ta'adda ne? Wayar Angela Merkel, shugabar gwamnatin Jamus ta lokacin, fa? Da ba don matar da Malam ke zargi ba, da ba mu san ana sauraren shugabannin yankinmu ba.

Na fahimci zafin da Malam ke ji a kan masu garkuwa da mutane, domin babu gidan da wannan masifa ba ta taɓa ba ko ta kusa ko ta nesa. Babu mai hankalin da ke adawa da a bi layin wanda ya kira yana neman kuɗin fansa, da izinin alƙali, a kamo shi. Poitras ma ba ta taɓa yin fim a kan hana wannan ba. Abin da finafinanta suka tona shi ne tara bayanan kowa, a ɓoye, ba tare da mai tambaya ba. A nan gida, Premium Times ta ruwaito a 2013 cewa gwamnatin tarayya ta ba kamfanin Elbit na Isra'ila kwangilar dala miliyan 40 don sa ido a kan intanet. Tun Disamban 2020 ake tilasta wa mutane haɗa layinsu da lambar NIN. Har yau ana kiran iyalai ta waya ana cinikin 'ya'yansu. A gefe guda kuma, ƙungiyar kare 'yan jarida ta CPJ ta tattara a 2020 yadda 'yan sanda suka yi amfani da bayanan kira suka kamo 'yan jarida saboda rahotannin da suka buga. Na'urar tana aiki ke nan. Tambayar ita ce a kan wa ake juya ta, kuma wa ke da ikon tambaya.

Malam ya yi wa kyaututtukanta shaguɓe, Oscar ta 2015 da Zinaren Zaki na bikin Venice a 2022. Ban kawo su a matsayin hujja ba, domin kyauta ba ta tabbatar da gaskiya. Abin lura shi ne inda ta kai kyamararta bayan ta samu suna. Ta yi aiki a kan manhajar Pegasus ta kamfanin NSO da ake dasa wa 'yan jarida da masu fafutuka a waya. Ta bi mai ɗaukar hoto Nan Goldin a yaƙinta da iyalin Sackler, masu kamfanin da ya yi maganin OxyContin da ya jefa ɗimbin Amurkawa cikin jaraba. A 2025 ta fito da fim a kan Seymour Hersh, wanda ya tona kisan ƙare dangi na My Lai a 1969 da azabtarwar Abu Ghraib a 2004, wanda shi ma a zamaninsa an kira shi maƙiyin ƙasa.

Hukuncina shi ne Laura Poitras 'yar jarida ce, ta kare majiyarta, ta tantance kafin ta buga, ta faɗi inda ta tsaya, kotuna kuma sun gaskata abin da ta fallasa. Ina roƙon Malam ya nemi My Country, My Country da The Oath da Citizenfour da Risk ya kalle su daga farko har ƙarshe, ya karanta hukuncin 7 ga Mayun 2015, sannan ya sake ɗaukar alƙalami. In ya samo hujjar da ta rushe abin da na kawo, ya buga ta, za mu karanta. Ku kuma matasan da ke shiga wannan aiki, ku koyi kulle saƙonninku tun kafin ranar da wani zai ba ku amanar da za ta iya kai shi kurkuku, ku kuma je ku tambayi 'yan majalisarku wane alƙali ne ke sa hannu kafin a miƙa wa jami'an tsaro bayanan wayar ɗan ƙasa.